Lambar da Aka Rubuta wa Zolile

Ranar Juma'a ce a watan Agusta. Iskar teku ta taso tun safe tana kwasar ledoji tana liƙa su a shinge, ga wani yayyafi mai sanyi da ba ya jiƙa mutum sosai, sai dai ya ɓata masa rai. Ƙarfe uku na gama kai wa mutane abinci a babur, na biya ta gidan yayana Zolile a unguwar Kwazakhele, domin duk bayan mako biyu ni ke raka shi ɗauko 'yarsa Mihlali daga wurin uwarta Bulelwa, ta kwana biyu a wurinsa.

Na same shi zaune a kan wani firiji da aka kawo masa gyara, takalmi ɗaya a ƙafa, ɗayan a ƙasa.

Na ce, "Bhuti," don haka muke kiran yaya da yarenmu, "tashi mana. Ko sai an kawo maka ɗayan takalmin a faranti?"

Ya ce, "Ba za mu ba. Bulelwa ta ce kada in zo."

"Saboda me?"

"Wai na sake."

Ban tambaye shi abin da ya sake ba, don a gidanmu wannan kalmar abu ɗaya take nufi. Shekara goma sha ɗaya da suka wuce, ina ɗan shekara goma sha biyu, Zolile ya yi yunƙurin kashe kansa. Allah ya yi da sauran kwana. Abin ya bar masa tabo a maƙogwaro, hanyar abinci takan tsuke a hankali, sai bayan wata biyu ko uku ya je likita ya buɗe masa ita. Ya ga likitan ƙwaƙwalwa shekara biyu, aka sallame shi, ya koyi gyaran firiji, ya yi aure, ya haihu. Bulelwa ta san komai tun kafin a kai shanun aurenta, shi da bakinsa ya gaya mata. Rabuwarsu bara ba ta da nasaba da wannan. Ita malamar makaranta ce, tana da inshorar lafiya, kuma ko da suka rabu ta bar sunansa a kai, don ta san ba zai iya biyan aikin maƙogwaron ba. Wannan kam ba zan taɓa hana ta ladansa ba.

Na hau babur na nufi unguwarsu, Motherwell. Bulelwa ta tare ni a bakin ƙofa, ta ja ƙyauren a bayanta don kada yarinyar ta ji.

Na ce, "Sisi," yadda muke kiran yaya mace, "me ya yi zafi haka?"

"Ka bar ni da wani Sisi, Lunga. Kai ka sani, ka rufe ni."

Ta miƙo mini takardar da kamfanin inshora ke turo mata duk wata. Ita ce mai inshorar, don haka duk wanda ya ga likita a ƙarƙashinta, takardarsa wurinta take zuwa. Ta ɗora yatsa a kan layi ɗaya. Sunan Zolile, ranar ashirin da biyu ga Yuli, sai lambar tsukewar maƙogwaro da muka saba gani, sai kuma wata sabuwa a gefenta: Y87.0.

Ta ce, "Na duba a waya. Cutar da kai da gangan. Ashirin da biyu ga Yuli, Lunga. Kwana biyu bayan ya dawo mini da yarinya. Ina cikin aji na gani, sai da na zauna a ƙasa."

"Ni na kai shi ran nan! Maƙogwaro aka buɗe masa kamar kullum. Da muka fito har tsiya ya yi mini don na taka masa ƙafa."

"To me ya sa shekara da shekaru ba a taɓa rubuta wannan ba sai yanzu?"

Ta tagar ɗaki na hango Mihlali, 'yar shekara shida, ta riga ta goya jakarta ta kwana.

Ranar Litinin ban fita aiki ba. A asibitin da ake buɗe masa maƙogwaro aka ce mini su ba sa rubuta lamba, wani kamfani suke ba wa aikin, ofishinsa na saman wani kantin magani a cikin gari. Na hau. Ɗaki ne mai tsawo, mata bakwai kowacce da kwamfutarta, babu wadda ta taɓa ganin fuskar yayana. Aka nuna mini shugabarsu, Madam Fortuin, wata dattijuwa mai tabarau a rataye da sarƙa, ta sa na'urar ɗumama ɗaki a gindin ƙafafunta. Sunana yana cikin fayil ɗin Zolile a matsayin mai ɗaukarsa bayan an yi masa allurar barci, ya kuma sa hannu a yi magana da ni, don haka ta yarda ta saurare ni.

Na buga takardar a tebur. "Wa ya rubuta wannan ƙaryar?"

Ta sa tabarau ta duba. "Zauna, ɗan nan. Teburin bai yi maka laifi ba."

"Ba zama ya kawo ni ba."

"To tsaya, ƙafarka ce. Wannan ba ƙarya ba ce. Lambar ba ta ce ya yi wani abu a watan Yuli ba. Cewa ta yi ciwon da aka duba a watan Yuli ragowar wani abu ne da ya faru da daɗewa."

"Ina aka rubuta da daɗewa? Nuna mini. Ni ajin sakandare uku na tsaya, amma ina iya karanta kwanan wata."

Ta ce, "Babu gurbinsa. Rana ɗaya takardar ke ɗauka, ranar da aka ga likita."

Sai ta yi mini bayani, kuma bayanin ya fi takardar ƙona mini rai. Tsohon likitan Zolile, Dakta Reddy, shi ya karɓe shi tun farko, kuma duk shekarun nan lambar maƙogwaro kawai yake rubutawa, ya bar gurbin sanadi a wofi. Ya yi ritaya a watan Yuni. Sabon likita ya karanta fayil, ya ga sanadi, ya cika gurbin, domin ƙa'ida ta ce ciwon da wani abu ya jawo sai an faɗi abin da ya jawo shi. Yarinyar da ke tebur na uku ta buga abin da aka ba ta. Babu wanda ya yi kuskure. Kowa ya yi aikinsa daidai, Mihlali kuma tana can da jaka a baya.

Na ce, "To ku goge."

"In na goge abin da likita ya rubuta, zamba na yi, kuma aikina ya tafi. Amma ga abin da za a yi. Likitan ya tafi taro, zai dawo nan da kwana goma sha biyu. Zan sa ya rubuta wa matar wasiƙa, layi uku, ya ce tsohon abu ne. Ta karanta, hankalinta ya kwanta, magana ta ƙare a tsakaninku."

"Kwana goma sha biyu? Ke kina da 'ya'ya kuwa?"

"Ina da jikoki da suka girme ka a hankali."

Matan ɗakin suka yi dariya ƙasa-ƙasa. Wannan dariyar ce ta ƙarasa ni. Na ga wata takarda a manne a bango, ta kai ƙorafi ga kamfanin inshora, na ce ta ba ni fom ɗin.

Ta cire tabarau. "Ka saurare ni da kyau, ɗan nan. Kada ka cika wannan fom. In ƙorafi ya shiga a rubuce, ba layin nan kaɗai za su duba ba. Fayil ɗin gaba ɗaya za su nema, su ga duk zuwan da aka yi ba a sa sanadi ba, su dawo mana da su a gyara. Yanzu layi ɗaya ne. Ka bar shi a ɗaya."

Ni a lokacin abin da na ji shi ne tsohuwa tana kare kujerarta. Na sha ganin irinsu. A wurin wankin mota, a tashar tasi, a kantin da na yi wata huɗu kafin in watsa wa manaja makulli a tebur, duk wanda ya ce maka kada ka kai ƙara, shi ƙarar za ta ci. Na karɓi fom na sauko.

Na sami Zolile yana cin tuwon masara da ya dama da nono mai tsami, cokali ɗaya ɗaya, yadda ya saba.

Na ce, "Sa hannu a nan, Bhuti. Za su cire lambar, su ba ka haƙuri a rubuce."

"Su suka ce?"

"Dole su yi."

"Lunga, kai duk inda ka shiga sai an kira 'yan kashe gobara."

"To zauna nan kana lasar cokali, har yarinya ta manta kamanninka."

Ya dube ni, ya ajiye cokali, ya sa hannu. Ban gaya masa abin da Madam Fortuin ta ce ba. Wannan shi ne nawa laifin, kuma ba zan ɓoye shi a cikin na wasu ba. Na cika sauran da kaina, na rubuta da manyan baƙaƙe cewa a binciki komai tun daga tushe.

Kamfanin da ke ɗaukar wata uku kafin ya amsa waya, wannan karon kwana takwas ya ɗauka. Suka bincika tun daga tushe kamar yadda na roƙa. Suka rubuto cewa lambar daidai take, suna kuma godiya da na jawo hankalinsu, don sun gano a shekara biyun da za su iya gyarawa ana turo musu takardu da gurbi a wofi. An gyara. Kowane zuwa aka janye shi aka sake shigar da shi da sabuwar lambar, sannan aka tura wa mai inshora cikakkiyar takarda.

Layi tara. Tara ga Oktoba, cutar da kai da gangan. Sha biyar ga Janairu, cutar da kai da gangan. Haka har ƙasa, kowanne da ranarsa, kamar mutumin da ba shi da aikin yi sai neman mutuwa duk bayan wata biyu da rabi.

Bulelwa ba ta kira kowa ba wannan karon. Ta ɗauki takardar ta kai ofishin lauyan iyali, inda suka sa hannu a kan yarjejeniyar kwanan yarinya lokacin da suka rabu. Kwana uku bayan haka likita ya dawo, Madam Fortuin ta cika alkawari, wasiƙar ta zo. Layi huɗu ce ma, ba uku ba. Bulelwa ta karanta ta a gabana, ta dafe kai ta ce, "Wayyo, me na yi?" Amma takardar farko ta riga ta shiga fayil, an buga mata hatimi.

Aka kira su ranar Laraba. Na bi su, na zauna a kujerar baya. Jami'in, Mista Ndzube, mutum ne mai sanyin magana, da hoton 'ya'yansa a tebur. Ya ajiye takardun biyu gefe da gefe.

Bulelwa ta ce, "Yallaɓai, na janye. Tsoro ne ya kawo ni. Ga wasiƙar likita."

Ya ce, "Na gani, kuma na gane. Amma wannan likitan maƙogwaro ne. Ya gaya mini halin maƙogwaronsa. Abin da aka kawo gabana ba maƙogwaro ba ne."

Na miƙe. "Yallaɓai, abu ɗaya ne aka rubuta sau tara! Shekara da shekaru mutumin nan yana tashi da asuba yana gyara firijin mutane. Ya taɓa makara wurin ɗaukar 'yarsa? Tambaye ta, ga ta nan."

"Kai wane ne?"

"Ƙaninsa."

"To ƙaninsa, zauna, ko ka jira a waje."

Zolile ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Zauna, Lunga. Ka yi naka." Daga nan na san Madam Fortuin ko wani ya gaya masa an gargaɗe ni.

Mista Ndzube ya ce tunda magana irin wannan ta shiga fayil ɗin yaro, ba shi da ikon sa hannu a kan kwana sai ya ga rahoton likitan ƙwaƙwalwa. Kafin nan, uba zai riƙa ganin 'yarsa awa biyu ranar Asabar, a gaban wani babba daga dangin uwa. Ya dubi Bulelwa ya ƙara da cewa ba ya ba ta shawarar ta yi gaban kanta, domin ita malama ce, in wani abu ya faru bayan ta san da wannan fayil, ba a kan yarinyar kaɗai za a tambaye ta ba, har aikinta zai shiga ciki. Na ga yadda kafaɗunta suka sauka. Ta zo ne ta gyara, aka mayar da ita gida da sabon tsoro.

Mista Ndzube ya ce, "A asibitin gwamnati layin yana kai wata biyar. In kuna so da sauri, ku je na kuɗi. Inshorar za ta iya biya."

Zolile ya yi wata 'yar dariya. "Ta biya da wace lamba, yallaɓai?"

Muka fito.

A waje, a kan matakala, Zolile ya ce wa Bulelwa ta cire sunansa daga inshorarta. Ta ce ya yi hauka ne, sai ta kama bakinta, ta ce ba haka take nufi ba. Ya ce ya sani. Ya ce shi dai ba zai ƙara kwanciya a gadon likita yana tunanin abin da wata yarinya a tebur na uku za ta buga a kansa, da kuma hannun da zai faɗa ba. Ta roƙe shi, ni ma na roƙe shi. Ya ce mini, "Kai kuma da wane baki?"

Na koma ofishin saman kantin magani, ban san ma abin da zan ce ba. Madam Fortuin ta gan ni tun daga ƙofa.

Ta ce, "Ka zo ka ƙarasa teburin?"

Na ce, "Kun san abin da takardarku ke yi wa mutane, kuna zaune kuna bugawa."

"Na sani. Shekara ashirin da shida ina wannan aiki. Sau uku na rubuta musu cewa a ƙara gurbi ɗaya, na shekarar da abu ya faru, ko a daina tura wa mai inshora lambar wani baligi. Ka san abin da suka ce? An karɓa, ana dubawa." Ta mayar da tabarau. "Dakta Reddy ya san haka, shi ya sa ya yi ta barin gurbin a wofi, ya ɗauki kasadar a kansa. Ni kuma na yi ta kawar da kai. Da haka muka rufa wa yayanka asiri shekara da shekaru, da ƙin yin aiki daidai. Ka ga irin aikin da nake yi."

Na so in ci gaba da faɗa, amma ban ga wanda zan yi da shi ba. Wanda ya tsara takardar ba ya ɗakin nan, ba ya garin nan, mai yiwuwa ma ya mutu. Ni ban yi karatu mai nisa ba, amma ko a tashar tasi, in ka ce wane ya taɓa yin hatsari, za a tambaye ka yaushe. Su masu digiri sun zauna sun ƙirƙiro wa kowane ciwo na duniya lamba, har cizon kada da faɗowa daga bishiya, suka rasa inda za su rubuta cewa mutum ya daɗe da tashi.

Asabar ɗin farko na raka shi gidan kakar Mihlali. Aka ajiye su a falo, kakar na zaune a gefe tana saƙa, talabijin na kunne. Yarinyar ta kawo littafin zanenta, suka yi ta fenti. Da awa biyu ta cika ta tafi ɗaki ta ɗauko jaka. Kakar ta ce, "A'a, 'yar nan, yau ba tafiya." Mihlali ta tambayi ubanta ko firiji ne suka yi yawa a ɗakin babu wurin kwana. Ya ce e, sun yi yawa, yana ragewa.

Maƙogwaron kuma bai jira kowa ba. A asibitin gwamnati aka ba shi rana a watan Disamba, alhali a Oktoba ya kamata a buɗe masa. Ya bar burodi, ya bar shinkafa, ya koma kunu da nono. Wandonsa ya fara zamewa, ya huda sabon rami a bel da ƙusa. Bai taɓa ce mini ga abin da ka jawo ba. Yakan dai ba ni amsa da kalma ɗaya, kuma ya daina kirana in riƙe masa firiji in za a ɗora a mota.

A ƙarshen Janairu ya ga likitan ƙwaƙwalwa. Minti arba'in suka yi. Rahoton shafi ɗaya ne, ya ce lafiyarsa ƙalau, kuma ya daɗe a haka. Mista Ndzube ya sa hannu a tsakiyar Fabrairu, aka mayar masa da kwanansa. Lambar kuwa tana nan a fayil ɗinsa, layi tara, babu wanda ya cire ko ɗaya.

Ga abin da ya tafi. Ƙarshen mako goma sha uku, wato kwana ashirin da shida da Mihlali ba ta kwana a gidan ubanta ba, har da ranar da ta cika shekara bakwai da kuma Kirsimeti. Kilo tara daga jikin Zolile. Inshorarsa, wadda bai koma ba. Aikina na babur, don na yi fashin kwana shida ina zarya a ofisoshi. Da kuma rakiyar ranar Juma'a, domin yanzu shi kaɗai yake zuwa ɗauko ta.